Kama da Wane Ba Ta Wane: Nasiha ga Ɗalibai Masu Sake Lafazi

Ya ku 'ya'yana, maza da mata, ɗaliban ƙasar Yauri, tun daga Yelwa har Wara da Shanga da tungayen da ke bakin tafkin Kainji, ina roƙon ku ba ni aron kunnuwanku game da wata al'ada da ta yaɗu a tsakaninku cikin 'yan shekarun nan, wadda ban ga an zaunar da ku an warware muku ita yadda ya kamata ba, alhali kuwa malamanmu na farko sun riga sun tsefe hukuncinta tun fiye da shekara dubu da ta wuce. Al'adar ita ce, idan an ba ɗayanku aikin rubutu, ko na aji ne ko kundin kammala karatu, sai ya nemo abin da wani ya riga ya rubuta a kan batun, ya zuba shi cikin wata manhaja ta wayar hannu, irin su QuillBot ko ChatGPT, ya umurce ta da ta musanya kowace kalma da 'yar'uwarta mai kama da ita, amma ta bar sunayen mutane da na garuruwa yadda suke. In ta gama sai ya kai shagon kwamfuta a buga, a yi masa bango, ya miƙa wa malami da sunan aikin hannunsa ne.

Ban ɗauki alƙalami domin in la'anci na'ura ba, kuma uzurinku bai ɓuya gare ni ba. Yaron da ya tashi a gungu ko a ƙauyen Kambari, wanda Hausa ma harshensa na biyu ce, Turanci kuwa na uku, aka ɗora masa rubuta shafi hamsin da harshen da bai taɓa jin an yi ciniki da shi a kasuwar garinsu ba, sa'an nan aka tsoratar da shi da manhajar gano kwafe irin Turnitin, ba abin mamaki ba ne in ya nemi inda zai raɓe. Har ma ina ganin alheri cikin rabin umurnin nan da kuke ba na'ura, watau cewa ta bar sunaye kada ta taɓa su, gama wannan ya nuna fiɗirarku lafiya take, zuciyarku ta shaida muku cewa akwai abin da ba a musanyawa. A kan wannan shaidar ta zuciyarku nake so in ɗora maganata.

Ku sani tun zamanin tabi'ai aka yi saɓani a kan ko ya halatta mutum ya ruwaito hadisi da ma'anarsa ba tare da ya kiyaye lafazinsa ba. Akwai waɗanda suka tsananta, kamar Muhammadu bn Sirina da Alƙasimu bn Muhammadu da Raja'u bn Haiwa, waɗanda ba su yarda su gusar da ko harafi ɗaya daga inda suka ji shi ba. Akwai kuma waɗanda suka sauƙaƙa, kamar Hasanul Basari da Sha'abi da Ibrahimun Nakha'i, domin sun ga ɗan Adam ya fi riƙe ma'ana fiye da yadda yake riƙe jerin kalmomi, kuma in an ce sai lafazi kaɗai, ilmi mai yawa zai salwanta. Jamhurun malamai daga baya sun tafi a kan halacci, amma suka kewaye shi da sharuɗɗa masu tsanani, waɗanda Alhaɗibul Bagadadi, wanda ya rasu a shekara ta 463 bayan Hijira, ya tattara bahasinsu cikin littafinsa Alkifaya. Babban sharaɗin shi ne mai riwayar ya zama masanin lugga, wanda ya san abin da kowace kalma take nufi da abin da ke karkatar da ma'ana in an gusar da shi. Wanda bai kai wannan matsayi ba, babu saɓani cewa ba shi da izini. Suka kuma fitar da lafuzzan ibada daga wannan rangwame, kamar kiran salla da tahiya da addu'o'in da aka koyar da su a ƙayyade. Suka so mai riwaya da ma'ana, in ya ƙare, ya ce "au kama ƙala", domin mai sauraro ya san lafazin ba lalle ne ya zama shi ne na asali ba. Wannan kalma har yanzu kuna jin ta a bakin limamanku ranar Juma'a, la'alla ba ku taɓa tambayar dalilinta ba.

Akwai ƙissar sahabi Bara'u bn Azibi, wadda Buhari da Muslimu suka ruwaito, da ya kamata kowane mai sake lafazi ya riƙe. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya koya masa addu'ar kwanciya barci, shi kuwa da ya zo maimaitawa domin ya hardace, sai ya sa kalmar Manzo a gurbin kalmar Annabi, nan take aka mayar da shi ga lafazin farko, ko da yake siffofin nan biyu duka na mutum ɗaya ne, kuma babu ƙarya a cikin ko ɗaya daga cikinsu. Sa'an nan Ibnus Salahi, wanda ya rasu a 643 bayan Hijira, ya ƙara wani ƙaidi da ya shafe ku kai tsaye, inda ya bayyana cewa rangwamen ya tsaya ne ga abin da aka ji da kunne ana tsoron mantuwa. Abin da ya riga ya tabbata cikin littafi, babu mai ikon canja lafazinsa sa'an nan ya jingina shi ga mawallafin, domin uzurin ya gushe, kuma talifin wani ba mallakarka ba ne. Wannan rarrabewa tsakanin nassi da bayaninsa ita kuke gani kowace shekara a zauren tafsiri cikin watan azumi, inda mai jan baki yake karanta aya ba ya ƙara ba ya ragewa, malam kuma yana fassara ma'ana da Hausar da ta sauwaƙa, kowa a wurin ya san wanne ne wanne.

To, ɗana, ka duba yadda al'amarin ya juye a hannunmu. Wanda malamai suka ba izinin sake lafazi shi ne wanda ya riga ya mallaki ma'ana har ta zauna masa. Kai kuwa, mafi yawan lokaci, abin da ke tura ka wurin na'ura shi ne ma'anar ta buwaye ka, kana fatan in kalmomi suka canja kama ba za a gane ba. In ta dawo maka da rubutun, da wane ma'auni za ka gane ko ta kiyaye ma'anar ko ta ɓatar da ita, tun da kai ma ba ka riƙe ta ba tun farko?

Kada kuma a ruɗe ka da cewa kalmomi masu kama da juna daidai suke ta kowace fuska, gama Hausawa sun ce kama da wane ba ta wane. Ka tambayi duk wanda ya taɓa zama shaida a kan gonar fadama, irin wadda ake noman albasa da shinkafa a cikinta bayan ruwan tafki ya janye. Aro da haya da jingina da sayarwa, dukansu suna nufin gona ta bar hannun wani ta koma hannun wani, mai neman ƙawata takarda yana iya ganin ɗaya ta wadatar da ɗaya. Amma mai aro yana mayarwa ba tare da biya ba, mai haya yana biya shekara shekara, mai riƙon jingina yana sakin gona ranar da aka mayar masa da kuɗinsa, mai saye kuwa ya mallaka har magadansa. Na sha ganin zumunci ya yanke tsakanin gidaje biyu, jikoki suna kai da komo gaban alƙali, saboda kalma ɗaya da wani marubucin yarjejeniya ya ga ta fi daɗin faɗi. Haka zakka da sadaka: kowace zakka sadaka ce, amma wanda ya rubuta sadaka inda malami ya ce zakka ya mayar da farilla nafila. Ɗan Sarkawa kuma ba zai yarda a ce masa taru da birgi da mamari da gura abu ɗaya ne ba don kawai duka kifi ake kamawa da su.

Wannan ɓarna ba a ƙasarmu kaɗai take ba. A shekarar 2021 wasu masana uku, Guillaume Cabanac na jami'ar Tulus a Faransa da abokan aikinsa Cyril Labbé da Alexander Magazinov, suka bayyana cewa sun tarar da maƙaloli masu yawa cikin mujallun kimiyya na duniya cike da waɗansu jimloli karkatattu, waɗanda ba mai hankalin da zai rubuta su, sai dai na'urar musanya kalmomi. Daga irin abin da binciken nan nasu ya tono, in an mayar da shi Hausa, akwai inda sankarar mama ta koma haɗarin ƙirji, da inda gazawar ƙoda ta koma ɓacin ran ƙoda. Mutanen da suka sa sunansu a kan waɗannan maƙaloli suna da manyan digirori, sun yi haka ne domin su ɓoye kwafe, sai abin da suka ɓuya da shi ya zama shi ne alamar da aka kama su da ita, aka janye maƙaloli da dama, sunayensu kuma suka tabbata a rubuce tare da abin kunyar. Ramin ƙarya ƙurarre ne, ko a Yelwa ko a Turai.

Mai sake lafazi kamar mai fito ne tsakanin Zamare da Rofiya: yana da ikon ya sake jirgi, ya ɗauki na katako yau gobe ya ɗauki mai inji, amma ba shi da ikon ya zubar da kayan mutane a tsakiyar ruwa, ko ya sauke su a gaɓar da ba ita suka nufa ba.

Yanzu bari mu zo kan suna, wanda shi ne ya fi damuna. Kalma ta gama-gari tana da 'yan'uwa, kuma in ta gurɓace, abin da ke gabanta da abin da ke bayanta sukan taimaki mai karatu ya gano ta. Suna kuwa ba shi da ɗan'uwa, mutum ɗaya ko wuri ɗaya yake nunawa, in ya kauce babu abin da zai mayar da shi. An ruwaito wannan ma'ana daga Aliyu bnul Madini, malamin Buhari, cewa tas'hifi, watau kuskuren karanta rubutu, ya fi muni a cikin sunaye, domin ƙiyasi ba ya shiga cikinsu, kuma siyaƙin magana ba ya shiryarwa zuwa gare su. Saboda haka ne malaman hadisi, waɗanda suka yi rangwame a lafazin matani, ba su yi rangwame ko kaɗan a sunayen isnadi ba, har suka keɓe wa abin fanni sukutum, Daraƙuɗuni, wanda ya rasu a 385 bayan Hijira, ya wallafa littafi babba a kan sunayen da rubutunsu ya yi kama amma furucinsu ya saɓa. Sun ma ajiye labarin yadda babban malami kamar Yahaya bn Ma'ini ya karanta sunan mahaifin wani mai riwaya Muzahim alhali Murajim ne, bambancin kuwa bai wuce inda ɗigo ya sauka ba. Ba su ajiye labarin don su muzanta shi ba, sai don na baya su ji tsoro.

Ƙasarmu cike take da irin waɗannan tarkuna. Kogin nan da muke sha, mu muna ce masa Kwara, littattafan boko suna ce masa Neja, kuma in kogin ake nufi babu laifi ka yi amfani da kowanne. Amma Jihar Kwara hedkwatarta Ilori, Jihar Neja hedkwatarta Minna, Jamhuriyar Nijar kuwa Yamai. Wanda ya musanya ɗaya da ɗaya ya ɗauke mai karatu ya kai shi wata ƙasa. Abin ya ƙara sarƙewa domin Borgu, inda madatsar ruwa ta Kainji take, tana cikin Jihar Kwara har ranar 27 ga Agusta 1991, ranar da aka mayar da ita Jihar Neja, ranar da kuma aka yanke Jihar Kebbi daga Sakkwato. In ka tarar da tsohon littafi ya ce Kainji tana Kwara, Yauri kuma tana Sakkwato, mawallafin bai yi kuskure ba, gaskiyar zamaninsa ya faɗa. Haƙƙinsa a kanka shi ne ka bar maganarsa yadda take, sa'an nan ka ƙara naka bayanin a gefe da sunanka.

Haka nan Sarkin Kabi laƙabin Sarkin Argungu ne, Birnin Kebbi kuwa mazaunin Sarkin Gwandu ne, wanda ya ga kamar sunayen suna maye gurbin juna ya haɗa masarautu biyu da tarihi ya raba. Ko a cikin gida, Yauri ƙasa ce da masarauta, Bin Yauri tsohon birninta ne da ke cikin ƙaramar hukumar Ngaski a yau, Yelwa kuwa ba ta zama mazaunin sarauta ba sai a 1888, zamanin Sarki Abdullahi Abarshi. Turawan nan biyu 'yan'uwan juna, Richard Lander da John Lander, da suka zo a 1830 suna neman takardun Mungo Park, wanda ya ratsa ƙasar Yauri ta ruwa ya halaka a Bussa a 1806, a tsohon birni suka gana da Sarki. Ɗalibin da ya ga an rubuta birnin Yauri cikin labarinsu, ya ce bari ya sabunta shi ya sa Yelwa, ya gusar da tarihi da shekara 58 da kalma ɗaya. In kuma ka rubuta Yelwa ga mutanen nesa, ka ce Yelwan Yauri, gama akwai Yelwan Shendam a Filato, akwai kuma Yelwa a Bauchi.

Sunayen al'ummomi sun fi waɗannan bukatar hattara, domin a nan mutunci ake taɓawa. Dukkawa al'umma ce mai harshenta da tarihinta, dukawa kuwa masu sana'ar fata ne, harafi ɗaya ya raba su. Kambarin da ke Ngaski daban suke da Kambarin Barebari, 'yan kasuwar nan da asalinsu ke komawa Barno. Waɗanda muke ce wa Gungawa, domin zamansu a gungu, su suna kiran kansu da sunan Reshe, kuma marubucin da ya zaɓi ɗaya daga sunayen nan biyu yakan zama da dalili ya zaɓa, ko don yana magana da bakin maƙwabta ko don yana magana da bakin masu abin. In ka musanya masa, ka sa masa magana a baki.

Kada ku sakankance cewa tun da kun umurci na'ura ta bar sunaye, to ta bar su. Ba kullum take gane suna ba, balle namu, waɗanda mafi yawansu kalmomin yau da kullum ne: Yelwa, Tudun Wada, Sabon Gari, Dogo, Ladi, Maikifi. In aka ba ta fassara sai ta ɗauke su kalmomi ta juya su, mutum ya wayi gari garinsu ya ɓace daga takarda. An taɓa kawo mini wani aiki a kan zuwan Turawa ƙasar nan, na tarar Mungo Park kansa bai tsira ba, domin sunansa na biyu ya yi kama da kalmar Turanci ta wurin shaƙatawa, na'ura ta musanya masa shi, yaron da ya kawo aikin kuwa bai lura ba, domin bai karanta ba. Na tausaya masa ƙwarai, gama yaro ne mai ƙoƙari, mahaifinsa kuma ya sayar da amfanin gona kafin a buga kundin.

Wannan magana ta biyo ku har kan sunayenku. A gida mun san Garba shi ne Abubakar, Shehu shi ne Usmanu, Audu shi ne Abdullahi, Indo ita ce A'ishatu, Kulu ita ce Hauwa'u, Binta ita ce Faɗimatu, kuma wannan sakaya suna ladabi ne mai kyau da ya samo asali daga kunya, uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, matar ɗa ba ta kiran sunan surukinta. Amma takarda ba ta san alkunya ba. Tun da aka kawo lambar banki ta BVN a 2014, hukumar JAMB kuma ta wajabta lambar ɗan ƙasa ta NIN a 2021, kwamfuta ce ke gwada takardunku, ita kuwa a wurinta Garba da Abubakar mutum biyu ne, Muhammad da Mohammed ma haka. Yara nawa ne suka ci jarrabawa, sa'an nan suka ƙare damina suna zirga-zirga tsakanin kotu domin takardar rantsuwa da ofishin gyaran suna da gidan jarida, har gurbin karatun ya wuce su? Ka dubi sunan da ke kan takardar shaidarka ta farko, ka riƙe shi da haruffansa da jerinsa, kada ka bar mai shagon kwamfuta ya cika maka fom kana tsaye a waje. Ke kuma ɗiyata, in Allah ya kawo aure, ki bar sunan mahaifinki a kan takardunki yadda yake. Shari'a ta yi umurni a kira mutane da ubanninsu, kamar yadda ya zo cikin Suratul Ahzabi, kuma za ki hutar da kanki wahalar da na ga ta hana mata da yawa karɓar haƙƙinsu na aiki da na fansho.

Akwai suna ɗaya da na lura kuna yarda ya faɗi, ko da kun kiyaye sauran duka, shi ne sunan mutumin da ya sha wahalar rubuta abin tun farko. Sarakuna da garuruwa da koguna duk suna nan cikin kundinku ba a taɓa su ba, amma wanda ya yi tafiya ƙauye ƙauye ya tattaro labarin, ya hana idonsa barci ya tsara shi, an shafe shi kamar ba a taɓa halittarsa ba. Wannan ita ce hiyanar da ta fi girma, kuma sauya kalmomi ba ya wanke ta, domin ma'anar da tsarin da hujjojin duk nasa ne. Magabata sun ce daga albarkar ilmi akwai jingina magana ga mai ita. Ku dubi Malam Abdullahi ɗan Fodiyo na Gwandu, wanda ya rasu a 1829, wanda duk faɗin ilminsa bai ga ƙasƙanci ba ga ya keɓe littafi guda, Ida'un Nusukhi, domin kawai ya lissafa malaman da ya ɗauki karatu a wurinsu da littattafan da ya karanta gaban kowanne, tun daga yayansa Shehu Usmanu har Malam Jibrilu ɗan Umaru. Rubuce-rubucen Shehu da na Muhammadu Bello cike suke da naƙali, sukan ambaci mai magana da littafinsa, su kawo maganar, su sa alamar inda ta ƙare, sa'an nan su faɗi tasu. Wannan bai rage musu daraja ba, shi ne ma ya sa har yau ake dogara da su.

Ku ma ambaton wanda kuka ɗauko daga gare shi ƙarfi ne a gare ku. Ɗalibin da ya ce wane ya faɗi kaza a littafinsa kaza, ni kuma ga abin da na gani a garinmu, in ya tsaya gaban malamai ranar kare kundi yana da wurin jingina, in ma akwai kuskure a maganar an san mai shi. Wanda ya haɗiye sunan kuwa ya ɗauki nauyin kowace jimla a kansa, tambaya ɗaya tak a kan wata kalma da na'ura ta sa masa ta isa ta tsayar da shi, ba shi da abin faɗi. Wanda ma ya wuce ba a gane ba, ranar da aka ba shi aji ya koyar, ko aka ba shi rahoto ya rubuta a ofis, rashin zai bayyana, gama kayan aro ba ya rufe katara.

Hanyar da nake so ku bi ba ta da wuya, sai dai tana son haƙuri. Ka karanta sakin layin sau biyu ko uku, duk kalmar da ta shige maka duhu ka nemi ƙamus ko ka tambayi wanda ya fi ka, matambayi ba ya ɓata. A nan ma na'ura tana da amfani na halal, ka tambaye ta ma'ana kamar yadda za ka tambayi aboki, sa'an nan ka gwada amsarta da wani wurin. In ka ga ka fahimta, ka rufe littafin, ka bayyana abin da Hausa ko da harshen gidanku ga ƙanenka ko mahaifiyarka. In suka gane, to ma'ana ta zama taka, in kuwa ka sarƙe, ka koma ka sake karantawa. Daga nan ka rubuta da Turancinka, komai ƙarancinsa, domin malami na gari ya fi son jimla gajera da ya san taka ce a kan doguwa mai ƙyalli da ba ka san abin da ke cikinta ba. Bayan haka ka buɗe littafin ka gwada, ka bi sunaye ɗaya ɗaya da yatsa, da shekaru, da alƙaluma, da kalmomin fanni irin sunan kimiyya na kifi ko na magani, waɗanda hukuncinsu hukuncin suna ne. Inda ka ga lafazin mawallafi ya yi kyau har ba ka son taɓa shi, ka kawo shi yadda yake cikin alamar zance, ka faɗi mai shi da shafin.

Akwai kuma wani aiki da ke jiranku wanda babu littafin da za ku kwafa a kansa. Da aka gama ginin madatsar Kainji a 1968, ruwa ya rufe tsohuwar Bussa da gungaye da ƙauyuka masu yawa, aka tayar da mutane fiye da 40,000 zuwa sababbin matsugunai. Waɗanda suka san wuraren nan da idonsu, suka san sunan kowane gungu da mashigi da dutse da maƙabarta, yanzu sun haura shekara saba'in, kuma da yawa daga sunayen ba a taɓa rubuta su ba. In za ka zaɓi batun kundi, ka je wurinsu. Labarin da tsoho ya ba ka kana iya taƙaita shi da lafazinka bayan ka fahimta, amma in ya ambaci suna ka roƙe shi ya maimaita, ka ɗauki muryarsa a waya in ya yarda, ka rubuta yadda ya furta ko da bai yi kama da Hausa ba, kada ka gyara masa shi zuwa abin da ya fi sauƙi a harshenka, sa'an nan ka kai wa wani mai jin harshen ya duba maka rubutun. A ƙarƙashin kowane labari ka sa sunan wanda ya ba ka shi, da izininsa, da garinsu na da da na yanzu, da ranar da kuka zauna.